Ranar da Suka Ƙi Faɗuwa

Na auri mutumin da duk Kaduna ta san shi da shan duka a talabijin. Haka 'yan'uwana suke kwatanta shi idan ba ya wurin, ni kuma ban taɓa ɓata bakina wajen gyara musu ba, don wanda bai taɓa ganinsa ya raba bulo biyu da gefen hannu ba, me zan gaya masa? Gidanmu na Unguwar Dosa gidan ma'aikata ne. Babanmu daga ma'aikatar gwamnati ya yi ritaya, yayyena maza kowa da teburinsa da tarin fayil a gabansa, ni ma akawu ce har kwanan nan. Ranar da na kawo musu mai gyaran fanka daga bakin Babbar Kasuwa, wanda kuma yake tara samari a filin firamare yana koya musu kunfu, sai da babban yayanmu ya cire tabarau ya goge ya mayar. Ya ce, "Yanzu duk mazan garin nan ki rasa wanda za ki kawo mana sai ɗan Chana?" Na ce masa ai ko ba komai ɓarawo ba zai haura mana katanga ba.

Maigidan nawa a gidan silima ya kamu da abin, zamanin da ake haska finafinan Chana. Sauran yara in an tashi sai su fito su yi ta shurin iska har su gaji su manta. Shi bai manta ba. Ya ji labarin wani dattijo ɗan Chana da yake gyaran injina a masaƙa can ƙetaren kogi, ya riƙa takawa a ƙasa yana tsaya masa a bakin ƙofa, har mutumin ya gaji da ganinsa ya karɓe shi. Ba mai jin yaren wani a cikinsu, da 'yar sanda da nuni aka yi karatun. Bayan dattijon ya koma ƙasarsu, maigidan ya buɗe nasa wurin a Unguwar Kanawa, inda muke zaune har yau. Ɗalibai suna ce masa Masta, 'yan unguwa suka ɗauka, har limamin masallacinmu haka yake kiransa. Ni sai in ina son tsokana nake faɗa.

Harkar fim daga baya ta zo. 'Yan fim suna son faɗa a finafinansu, jarumansu kuwa ko kaza ba su iya kamawa ba. Wani darakta ya biyo ta filin wata Asabar, ya ga yadda ɗalibai suke faɗuwa a kan tsakuwa su miƙe suna dariya, ya ce ya samu abin da yake nema. Tun daga nan duk fim ɗin da za a yi a Kaduna in akwai doke-doke maigidan ake kira. Shi zai tsara faɗan, shi zai kawo yaransa, shi kuma zai fito a bos, wato shugaban 'yan daban da jarumi zai lakaɗa wa duka a ƙarshe. Fuskarsa ta dace, wannan kam na yarda. Gajere ne mai faɗin kafaɗa, ga tabo a gira, wanda fukafukin fanka ne ya yi masa ba takobi ba.

Farkon ganina da shi a kwance a talabijin, wani siririn yaro mai hoda a fuska ya taka masa ƙirji, wuni na yi ban yi masa magana ba. Shi ne ya zaunar da ni ya yi mini bayani. A faɗan fim, in ji shi, mai duka ba ya aikin komai. Zai kawo hannu ya tsayar daf da fuska, tazarar da ba ta wuce yatsa ba. Mai faɗuwa ne yake da aikin. Shi zai fizge kai a daidai lokacin, ya saki jiki, ya tashi sama ya dawo ƙasa ta inda ba zai ji ciwo ba. Ƙarar dukan ma daga baya ake sa ta a kwamfuta. In mai faɗuwa ya iya, kowane rago zai zama zaki, in kuwa bai iya ba, ko ɗan dambe ka kawo abin dariya zai koma. Kuma akwai doka guda da yake maimaita wa ɗalibansa har sun haddace: mai faɗuwa ba ya kare kansa. Zai miƙa fuska a sake, hannuwa a ƙasa, don kyamara tana kama tsoro ko da na ƙiftawar ido ne. Ka ba mutum amanar fuskarka, shi kuma ya riƙe hannunsa. Na ce masa ni dai ban ga sana'a a nan ba, amma na bar fushin na sa masa abinci.

Wanda ya ci amanar, ni na ciyar da shi. Ba jininmu ba ne. Saurayi ne daga wani ƙauye ta hanyar Zariya, ya zo Kaduna yana tura baro a kasuwa, ya riƙa leƙen horo ta saman katangar firamare har maigidan ya yafito shi. Da aka gano a rumfar wani mai tumatir yake kwana, sai aka share masa shagon ƙofar gidanmu. Kwanonsa daban yake a kicin ɗina. Da taifot ya kwantar da shi ni na yi jinya, ni na riƙa dama masa kunu ina tsare shi sai ya shanye. Mama yake ce mini, kuma Allah ya sani na amsa da zuciya ɗaya. Dogo ne, fari, mai irin fuskar da 'yammata suke waiwaye, ƙafarsa tana tashi sama kamar babu ƙashi a ƙugunsa. Abu ɗaya ya gagare shi, shi ne faɗuwa. In an zo darasin sai ka ga ya tuna fitsari, ko ya ce idon sawunsa yana ciwo. Maigidan yakan ce, "Yaron nan ƙafarsa tana da kyau, amma ba ya son ƙasa."

Maigidan ne da bakinsa ya roƙi darakta a gwada shi a jarumi. Aka gwada, aka dace. Fim ya bi fim, kuma kusan kowane da Masta a kwance a ƙarƙashin ƙafarsa ake rufewa. Sai ya faɗi masa irin faɗuwar da ba ya yi wa kowa, ya juya a iska, ya bugi bango ya zamo, don dai yaron ya haska. Yaron kuwa ya haska. Ya bar shagonmu ya kama gida a Malali, ya yi mota, aka fara buga hotonsa a bayan Keke Napep. Na tashi daga Mama na koma Hajiya, gaisuwar ma ta tagar mota ake miƙo ta, inji yana kunne. Na riƙa amsawa ina wucewa. Kaza ce, ta ci ta goge baki, ba a kansa aka fara ba.

Ba na wurin ranar da abin ya faru. Babban ɗalibin maigidan ne ya ba ni labari, wani mai walda, magidanci mai 'ya'ya, wanda ba ya ƙara gishiri a magana. A wani kango ake ɗaukar faɗan ƙarshe, can bayan Malali, unguwa ta taru tana kallo. An tsara jarumi zai juya ya kawo diddige ya tsayar a gefen kunnen bos, bos kuma ya kife. A ɗauka ta farko juyin bai yi kyau ba. Nan maigidan ya yi kuskuren da malami ne kaɗai zai yi shi. Ya manta a lokeshan yake, wurin ɗaukar fim, ya manta wanda yake gabansa yanzu mai mota ne. Ya miƙe daga ƙasa ya kaɗe jiki, ya ɗan bugi cinyar yaron da bayan hannu, ya ce da ƙarfi kamar suna fili, "Kai, gwiwar nan a lanƙwashe take. Sake." Jama'a suka yi dariya. Jarumar fim ɗin ta sa mayafi ta rufe baki. Mai walda ya ce shi ma yaron murmushi ya yi, ya ce, "To, Masta."

Aka sake. Maigidan ya tsaya yadda ya saba, hannuwa a ƙasa, fuska a sake. Diddigen bai tsaya ba. Ya sauka da dukkan nauyinsa a kunnen hagu, da takalmi mai ƙarfe a dunduniya. Darakta har ya fara tafi yana cewa ba a taɓa samun irin wannan ba, kafin ya ga jini yana bin wuyan riga.

A asibiti likita ya ce dodon kunnen ya fashe, kuma abin da yake riƙe wa mutum daidaito a can ciki ya taɓu. Kunnen ya tafi ke nan. Da kurumtar kaɗai ce da da sauƙi. Jiri ne ya zauna masa. Mutumin da yake tsayawa da ƙafa ɗaya a kan turmin da aka kife yana shan shayi don ya ba yara dariya, shi ne ya koma sai ya dafa bango zai sa wando. Ya daɗe yana sallah a zaune, don in ya sunkuya ruku'u sai ƙasa ta taso masa. Na taɓa leƙowa ta taga na gan shi a tsakar gida yana gwada ɗaga ƙafa a ɓoye, ya tangaɗa ya kama igiyar shanya. Na koma ciki na ciji gefen zanena don kada ya ji kukana.

Duk wanda ya zo dubiya magana ɗaya maigidan yake gaya masa. "Hatsari ne. Ƙafa ce ta zame." Ni ma haka yake ce mini, in na matsa sai ya juya mini kunnen da ba ya ji. Yaron ya zo asibiti sau ɗaya, da kwandon lemo da ayaba, da wani mai ɗaukar hoto a bayansa. Kafin la'asar hoton yana yawo a waya, shi a durƙushe a gefen gado da fuskar tausayi. Lemon na ba masu shara.

Har nan da zan iya haɗiyewa, don mijina ya ce in haɗiye. Sai fim ɗin ya fito, kuma wannan ɗaukar suka sa. Ba su ma bar ta haka ba, suka rage mata gudu suka maimaita, yadda kowa zai ga diddigen yana shiga, ya ga idon mijina yana juyewa. Bayan nan wata mai hira da 'yan fim ta tambayi yaron sirrin faɗansa. Ya gyara zama ya yi dariya ya ce, "Ni ba na wasan yara. Dukana na gaske ne. Wanda ya koya mini ma zai ba da shaida." A ofis wata abokiyar aikina ta miƙo mini wayar, wai ko na gani. Na kalla har ƙarshe na mayar mata, na ci gaba da aikina.

Maganar nan ita ta kashe makarantar. Iyaye suka fara janye 'ya'yansu, wannan ya ce karatu ya yi wa yaro yawa, wancan ya ce wurin ya yi nisa. A bakin famfo kuwa gaskiyar ake faɗa: me za a koya a wurin malamin da ɗalibinsa ya kurumta shi da shuri ɗaya? Yaran unguwa in ya wuce sai ɗaya ya juya ƙafa, ɗaya ya kama kunne ya zube. Babban yayanmu ya zo gaisuwa ya ce, "Ai dama ƙarshen alewa ƙasa." Ban raka shi ƙofa ba. Filin da a da ba ka samun wurin ajiye takalmi ya koma daga tsofaffin ɗalibai sai awakin maƙwabta. Maigidan bai fasa zuwa ba. Zai zauna a benci da farar rigarsa a goge, yana kallon ƙofa ko wani zai shigo. Kunne dai ya tafi, ba mai dawo da shi. Sunansa nake so a dawo mana da shi, kuma na rantse ba zan bar wa lahira wannan shari'ar ita kaɗai ba.

Dama ta zo ana cikin azumi. Aka manna takardu a gari cewa washegarin sallah akwai gala, irin wasan da 'yan fim suke yi a kan dandamali a gaban jama'a, kuma jarumi zai yi faɗa da ƙarti shida ido na ganin ido. Su wa za su faɗi masa? Duk Kaduna babu wanda ya iya faɗuwa a kan katako ya tashi lafiya sai yaran Masta. Masu shirya wasan suka kira mai walda ba kunya ba tsoron Allah. Ya zo ya gaya wa maigidan, yana jiran a ce ya zage su. Maigidan ya ce, "Aiki ne, ku je ku yi. Ku faɗi masa da kyau." Ina kicin ina jinsu, na ajiye muciya.

Na jira ranar da aka gayyaci maigidan buɗa-baki a gidan wani abokinsa, na aika aka kira mini su shidan. Na yi musu tuwon shinkafa da miyar taushe, na bari sai da suka ci suka ƙoshi, don ba a shawara da mai yunwa. Ashe su ma a cike suke. Kafin in buɗe baki ɗaya daga cikinsu, mai sayar da takalma a kasuwa, ya riga ni.

"Mama, mu izininki kawai muke jira. Mun san inda yake aje mota, mun san lokacin da yake fitowa."

Na ce, "Ku dake shi ku kwana a hannun 'yan sanda, gobe a ce ashe yaran Masta 'yan daba ne na gaske? Wanda ya taɓa shi ban yafe masa tuwona ba."

Suka kalli juna. Mai walda ya ce, "To me kike so a yi?"

"Ba cewa ya yi dukansa na gaske ne ba? To ku bar shi ya kayar da ku da gaske. Kada ku ɗaga masa hannu, kada ku kauce. Ku tsaya kawai."

Sai na ga haƙoran mai takalma sun fara bayyana. Mai walda dai bai yi dariya ba. Ya ce, "Mama, in muka yi haka, mu da fim har abada. Kuma kin san dokar Masta. Amana ce, wanda aka sa ya faɗi ya faɗi."

Na ce, "Amanar tana can kangon Malali inda aka binne ta, ka je ka tono. Fim kuwa, da shi kake ciyar da iyalinka ko da walda? Masta ku bar ni da shi, ni na san ta inda nake bi."

Ya daɗe yana kallon kwanon da ke gabansa. Sannan ya ce, "Shi ke nan. Allah ya kai mu." Suka riƙa zuwa gwaji kamar ba komai. Mai takalma ya ce mini ba su taɓa faɗuwa mai kyau irin ta kwanakin nan ba, har yaron yana dafa musu kafaɗa yana cewa in an gama zai ga abin da zai yi musu.

Ban taɓa zuwa gala ba sai ranar. Na ce wa maigidan zan je yawon sallah Unguwar Dosa, na zurma hijabi na hau Keke Napep. Bayan la'asar aka fara, a wani babban ɗakin taro da ya cika har bakin taga. Na samu kujera a ɓangaren mata, tsakanin 'yammatan da na isa in haifa, turarensu yana hawa mini kai. Na haƙura da waƙe-waƙe da raye-raye da wani mai barkwanci da ko sau ɗaya bai ba ni dariya ba. Can aka canza kiɗa, ya fito cikin baƙaƙen kaya da jar ɗamara irin ta makarantarmu, wadda ni na saba ɗinka musu. 'Yammatan gefena suka miƙe suna ihu. Su shidan suka kewaye shi.

Mai takalma ne na farko. Jarumi ya yi 'yan tsalle-tsallensa, ya kawo naushi ya tsayar daf da hancinsa yadda aka tsara. Mai kula da sauti ya danna abinsa, lasifika ta ba da ƙarar duka kamar an fasa ganga. Mai takalma yana tsaye yana ƙifta ido. Aka ɗan yi guna-guni. Jarumi ya sake kawowa, ƙarar ta sake tashi, mutumin ko gezau. Ya juya kan na biyu ya kawo ƙafa, lasifika ta yi ƙara, na biyun ya sosa wuya. Daga bayan ɗaki aka fara dariya, ta taho gaba a hankali. Muna kusa, na ga bakinsa yana motsi, na ji yana cewa ƙasa-ƙasa, "Ku faɗi mana. Meye haka? Ku faɗi."

Da ya ga ba mai faɗuwa sai ya fara duka da gaske, kuma mai walda ya zaɓa. Ko bai sani ba ko ya manta, cikin mutumin nan ya sha sandar Masta shekara da shekaru yana tsaye tsayuwar doki, ƙafafu a buɗe gwiwa a lanƙwashe. Ya kai masa naushi a ciki, ya ƙara, ya ƙara. Mai walda ya tsaya hannuwa a ƙasa, fuska a sake, daidai yadda aka koya masa. Jarumi ya ja baya yana yarfa hannu. Mai sauti kuma ya rikice, sai ya danna bayan an gama dukan, ko kafin a fara. Wata yarinya a gefena ta zauna a hankali ta ce wa ƙawarta, "Wai dama haka abin yake?"

Da yana da wayo da nan ya tsaya. Sai ya tuna babban abin da aka tanada don rufewa, inda zai rugo ya yi tsalle ya juya a iska. A gwaji mutum biyu ne suke tallafe shi ta ƙugu su juya shi su sauke, ba tare da mai kallo ya lura ba. Ya ja baya ya rugo ya tashi. Ba hannun da ya ɗaga. Ya sauko a kan gadon bayansa, ƙeyarsa ta bugi katako, kuma wannan ƙarar ba daga lasifika ta fito ba. Ɗakin ya ɗauke wuta na ɗan lokaci, har jarumi ya yunƙura ya zauna yana dafe da ƙugu, ɗamara ta kwance. Da aka ga da ransa sai dariya ta ɓarke, wayoyi duk a sama. Su shidan suka jeru, suka haɗa dunƙulen hannu da tafi suka sunkuya yadda suke yi a fili, suka sauka ɗaya bayan ɗaya. Wani daga baya ya ɗaga murya ya ce, "Yaran Masta ke nan." Na yi dariya har hijabina ya jiƙe da hawaye. An ce ramuwar gayya ta fi ta gayya zafi, ni kuwa ranar daɗinta na ji, kuma har yau in na tuna ina ji.

Washegari da hantsi maigidan ya dawo daga shago, abin da ba ya yi. Ya zauna a kan tabarma a inuwar ɗaki da waya a hannu, ya kalli bidiyon, ya mayar baya ya sake kallo. Ina tsintar shinkafa ina satar kallonsa. Da aka zo wurin faɗuwar sai ya runtse ido ya ce, "Bai sa haɓa a ƙirji ba. Sau nawa zan gaya masa." Ya ajiye wayar ya dube ni.

"Ke ce?"

"Ni ce."

"Da ya karya wuya fa?"

"Da na je gaisuwa da kwandon lemo." Na ajiye faranti na matso ta gefen kunnensa mai ji. "Malam, yau dai ka gaya mini gaskiya. Duk garin nan sun gani, dukansa na gaske ko motsa mai walda bai yi ba. Har yanzu za ka ce mini ƙafa ce ta zame?"

Na zaci zai sake juya mini kunnen da ba ya ji. Sai ya ce, "Ban taɓa zaton hatsari ne ba. Tun da ya dasa ƙafar hagu na sani. Mai niyyar tsayar da shuri ba ya sakin ƙugu gaba ɗaya, shi kuwa ya saki. Ni na koya masa, ta yaya ba zan gane ba?"

"Kana gani tana zuwa?"

"Ina gani."

"Me ya hana ka tarewa? Kada ka ce mini doka."

Ya ɗaga gwiwar hannunsa ta hagu zuwa saitin kunne, ya nuna mini ƙashin. "Irin wannan shurin da nan ake tare shi, babu wata hanya a wannan kusancin. Da na ɗaga, ƙwaurinsa gida biyu zai rabu. Ba zai ƙara takawa daidai ba. Shi kuma da ƙafar nan yake ci." Ya sauke hannun ya ce in ba shi ruwa.

Na kawo ruwan na dire masa har ya fantsama, na shige ɗaki na rufe ƙofa. Ban san da wa na fi fushi ba a lokacin, da yaron ko da shi.

Abin da mai walda ya faɗa ya tabbata, ba a sake kiran ko ɗayansu fim ba. Yaron ya koma Kano, yana nan yana fitowa a finafinan soyayya, ba na jin ya sake ɗaga ƙafa a gaban kyamara. Filin kuwa ya cika fiye da da. Samari suna zuwa har daga ƙetaren kogi, wai suna son horon mutanen da ba sa faɗuwa, kuma abin da maigidan yake fara sa a koya musu shi ne faɗuwa. Mai walda ne yake nunawa, shi yana benci yana gyara da baki. Yaran unguwa sun koma rusunawa in ya wuce.

Titin da ke tsakanin gidanmu da firamare babba ne, ba ya iya tsallakawa shi kaɗai, don in ya waiga da sauri jiri yana ɗibarsa. Duk Asabar da Lahadi ni nake raka shi. Yakan dafa kafaɗata, mu tsaya a bakin kwalta muna jiran motoci su rage. Duk lokacin da na ji nauyin hannun nan a kaina sai in tuna an ba shi zaɓi tsakanin kunnensa da ƙafar yaron, ya zaɓa shi kaɗai cikin ƙiftawar ido, ni kuma da zan ɗauki nauyin abin har ƙarshen rayuwarmu ba a tambaye ni ba. Shi ya yafe tun kafin ya kai ƙasa. Da ni aka tambaya, da ƙafar ce ta karye.